Phalke da Mafarin Majigi a Ƙasar Indiya

Duk wanda ya taɓa zama a gidan sinima na Kano ko Damagaram, ya ga yadda jama'a ke ɗokin fim ɗin Indiya, ya kamata ya san cewa wannan babbar sana'a ta faro ne daga himmar mutum guda da haƙurin iyalinsa, watau Dadasaheb Phalke, wanda aka haifa a garin Trimbak a shekarar 1870.

Bayan ya koyi zane da ɗaukar hoto da aikin ɗab'i, sai wata rana a birnin Bombay ya kalli majigin Turawa a kan rayuwar Annabi Isa, ya fito yana tunanin cewa hikayoyin mutanensa ma sun cancanci a gan su a bango. A 1912 ya tafi Landan, ya ga yadda ake aikin, ya sayo na'urar ɗauka. Amma da yake attajirai ba su ba da rance kan abin da idonsu bai gani ba, sai ya shuka ƙwayar wake a tukunya, yana ɗaukar hotonta kullum har fiye da wata guda, sa'an nan ya haɗa hotunan ya nuna musu tsiro yana tashi a gabansu cikin ɗan lokaci kaɗan. Ta'ajibin da suka yi shi ya buɗe bakin jakarsu.

Da ya zo shirya Raja Harishchandra, labarin sarkin da ya rasa mulki don gudun saɓa alkawari, mata suka ƙi fitowa saboda ganin abin kunya ne, har ala tilas wani saurayi mai aikin gidan abinci, Anna Salunke, ya yi shigar sarauniya. Matar Phalke, Saraswatibai, kuwa, ita ke haɗa ruwan wankin fim, ita ke riƙe farin zane cikin rana don daidaita haske, ita ce kuma mai tuƙa wa ma'aikata abinci. Aka nuna fim ɗin ran 3 ga Mayu, 1913.

Da majigi mai magana ya shigo a 1931, zamani ya juya wa Phalke baya, ya rasu a Nashik a 1944 cikin rashi, alhali masu cin gajiyar aikinsa suna ta ƙaruwa. Sai a 1969 hukuma ta kafa lambar girma mafi daraja ta sana'ar da sunansa, shekara 25 bayan an rasa wanda ya shuka waken.