Izinin Kare Kai: Yadda Ake Kayar da Mutum a Shari'ar Bashi Ba Tare da Kiran Shaidu Ba

A shari'o'in da ba na laifi ba, akwai gajeriyar hanya da doka ta buɗe wa mai bin bashi. Idan kuɗin da yake nema ƙayyadadde ne, kuma yana da takardun da ke tabbatar da shi, yana iya roƙon kotu ta yanke hukunci ba tare da dogon sauraron shaidu ba. Abin da ke tsayar da wannan hukunci shi ne izinin kare kai, wanda alƙali ke bai wa wanda ake ƙara.

Asalin tsarin

Tsarin ya samo tushe daga Ingila, inda aka yi dokar gaggauta shari'ar takardun bashi a 1855, domin hana masu taurin bashi jan ƙafa a kotu. A Najeriya, Babbar Kotun Tarayya na da jerin ƙararrakin da ake ganin ba su da kariya, ƙa'idojin Babbar Kotun Jihar Kaduna na 2007 kuma sun tanadi hukuncin gaggawa. Bankuna da 'yan kwangilar da ke bin hukumomi kuɗi suna yawan bin wannan hanya.

Yadda yake aiki

A ɗauka wani dillalin kayan gini a Unguwar Sarki ya bai wa ɗan kwangila siminti bashi, shi kuma ya ba shi cekin da banki ya ƙi biya. Dillalin zai shigar da ƙara da takardar rantsuwa, ya haɗa da rasit da cekin, ya bayyana cewa a saninsa wanda yake ƙara ba shi da abin kare kai. Daga ranar da sammaci ya isa hannun ɗan kwangilar, lokaci ya fara tafiya. A Babbar Kotun Tarayya, dole a miƙa sanarwar niyyar kare kai da takardar rantsuwa aƙalla kwana 5 kafin ranar zama. Wanda ya yi shiru, ana iya yanke masa hukunci a ranar.

Me alƙali ke dubawa?

Musu kawai ba ya wadatarwa. A shari'ar Macaulay da bankin NAL Merchant ta 1990, Kotun Ƙoli ta nuna cewa wajibi ne wanda ake ƙara ya fito da bayani dalla-dalla da ke nuna akwai batun da ya cancanci sauraro. Ɗan kwangilar zai iya kawo shaidar ya biya rabin kuɗin, ko cewa buhunan da aka kai ba su cika ba. Ba a buƙatar ya tabbatar zai yi nasara. Idan hujjarsa ta shafi wani ɓangare ne kawai, alƙali na iya yanke hukunci kan abin da ba a musa ba, ya ba da izini kan sauran.

Matsayin kundin tsarin mulki

Sashe na 36 na kundin 1999 ya tabbatar da haƙƙin a saurari kowa cikin adalci, kuma kotuna na ɗaukar cewa wanda aka bai wa dama ya yi sakaci da ita ba a tauye shi ba. Sashe na 241(2) kuma ya hana ɗaukaka ƙara kan izinin kare kai da babbar kotu ta bayar ba tare da sharaɗi ba. Wanda aka yanke wa hukuncin biya, yana da damar zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara, wadda ke da reshe a Kaduna.