Matar da miji ke duka, wace kotu za ta je? Tarihin ƙofofi uku daga Gonin Gora

1/ Ina yaro a Gonin Gora gidan haya muke, tsakar gida ɗaya da wata anti da mijinta. Duk daren da muka ji ƙarar kwanuka da ihu, mun san an fara. Da safe sai ta fito da kumburarren ido ta ce ƙofa ce ta buge ta. Yau tarihin dokar da ta bar ta a wannan hali zan ba ku. Ku biyo ni.

2/ Ranar da ta gaji ta kai ƙara, aka ce mata maganar gida ce, su je su sasanta. Ta dawo tana kuka. Mahaifiyata ta ce, "Ƙanwata, ki yi haƙuri, haka aure yake." Sai da na girma na gane ashe wannan "maganar gida" har sashe da lamba gare ta a littafin doka.

3/ A 1958 gwamnatin Sardauna ta gayyato kwamitin masana shari'a, ƙarƙashin babban jojin Sudan, Abu Rannat, don gyara dokokin Arewa kafin 'yancin kai. Daga nan aka samu Final Kod. An kwaikwayo ta daga ta Sudan, ita kuma daga ta Indiya ta 1860. Ta fara aiki 30 ga Satumba 1960.

4/ Sashe na 55(1)(d) ya ce ba laifi ba ne miji ya hori matarsa, in dai al'adarsu ta yarda da hakan, kuma bai kai ga mummunan rauni ba. Mene ne mummunan rauni? Sashe na 241 ya lissafa: makanta, kurumta, karaya, cire haƙori, nakasa fuska, ko ciwon da zai kwantar da mutum kwana 20.

5/ Kun gani ko? Idon antinmu kwana huɗu yake ya sace. Ke nan a wancan ma'auni ba a yi mata komai ba. Abin da ya rage mata shi ne neman fita daga auren. To nan ma da sauran rina a kaba, don kotun da za ta je ta danganta da yadda aka ɗaura shi.

6/ Ga dalili. Bayan an mayar da kotunan en'e kotunan yanki a ƙarshen shekarun 1960, su ke sauraron auren Musulmi da na gargajiya duka. Sai rikicin Shari'a na Fabrairu 2000 ya raba Kaduna biyu, kogi ya zama iyaka, unguwanni irin namu suka cika da waɗanda suka tsallako kudu.

7/ A 2001 Gwamna Ahmed Makarfi ya soke kotunan yanki, ya kafa kotunan Shari'a da na gargajiya, gefe guda ga majistare da Babbar Kotu. Ƙofofi uku ke nan.

8/ Ƙofa ta ɗaya, auren Musulunci. A fiƙihun Malikiyya, in mace ta tabbatar da cutarwa, alƙali na iya raba auren ba tare da ta mayar da sadaki ba. Har shaidar maƙwabta da suka daɗe suna jin labarin ana karɓa. Wannan daban yake da khul'i, inda ita ke biya. Mata da yawa kan amince da khul'i don ba su san bambancin ba.

9/ In ba ta gamsu ba, akwai Babbar Kotun Shari'a, sai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a. Ita wannan tun 1960 take a Kaduna, Sheikh Abubakar Gumi ya zama Alƙalin Alƙalanta a 1962.

10/ Ƙofa ta biyu, auren gargajiya. Kotun gargajiya ke raba shi, yawanci da mayar da kuɗin aure. Samanta akwai Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Gargajiya. A lura: ba kowane auren coci ne na rajista ba. Wani na gargajiya ne da fasto ya sa wa albarka. Ki duba takardarki.

11/ Ƙofa ta uku, auren rajista. Babbar Kotu kaɗai ke raba shi, bisa dokar aure ta 1970. Sai an nuna auren ya lalace ba gyara, misali miji na yin abin da ba za a iya zama da shi ba. In bai kai shekara biyu ba, a ƙa'ida sai an nemi izinin kotu. Duka ukun suna haɗuwa a Kotun Ɗaukaka Ƙara ta tarayya, sannan Kotun Ƙoli a Abuja.

12/ Shi dukan kansa fa? A Mayun 2015 Shugaba Jonathan ya sa hannu a dokar VAPP. Ta mayar da dukan abokin aure laifi, ɗaurin da zai iya kai shekara 3 ko tarar naira 200,000 ko duka biyun, ta kuma ba kotu ikon ba da umarnin kariya. Abuja kaɗai ta shafa, amma Kaduna ta yi tata a 2018.

13/ Ma'ana yau ƙara biyu ce. Ta laifi daban, ta raba aure daban. Mace na iya neman kariya ko da ba ta shirya barin auren ba.

14/ Antinmu ta fita ta kotun gargajiya, mahaifinta ya sayar da buhunan masara ya mayar da kuɗin aure. Ita aka daka, su suka biya. Ba wanda ya gaya mata tana iya ƙalubalantar hukuncin.

15/ Don haka, 'yar'uwa: ki je asibiti a rubuta raunin, ki ɗauki hoto, ki riƙe shaidu. In an yanke hukunci ki nemi kwafinsa nan take, don wa'adin ɗaukaka ƙara gajere ne, yawanci kwana 30 a ƙananan kotuna. Ba kuɗin lauya? Akwai ƙungiyar lauyoyi mata ta FIDA da hukumar ba da lauya kyauta ta tarayya, duk suna Kaduna.

16/ Mu kuma maƙwabta, mu ne shaidun. Mun ji ihun shekara da shekaru, amma ranar kotu ba ɗayanmu da ya raka ta. Abin da har yau yake ci mini tuwo a ƙwarya ke nan. Ku tura wa wadda kuka san tana cewa ƙofa ce ta buge ta.