Daga filashin Nokia zuwa suwic: tarihin masu neman fayil a Rano da Kibiya

A labarin Bayajidda, da aka raba wa Hausa Bakwai ayyuka, Rano da Kano ne suka zama sarakunan baba, wato masu rini. Ƙasar Rano, Autan Bawo, ta daɗe da sanin karofi. Sana'ar da ta shigo mata a farkon wannan ƙarni kuwa jarinta teburi ne da kwamfuta da tarin igiyoyi. Masu yin ta su ne masu filashin, waɗanda ke sake ɗora wa na'ura manhajar da masana'anta ta dasa mata, wadda in babu ita na'urar ko kunnuwa ba ta yi.

Mafarin abin shekarar 2001 ce. A watan Janairu hukumar NCC ta yi gwanjon lasisin wayar salula, kowane ɗaya dala miliyan 285, a watan Agusta kuma MTN da Econet suka fara aiki. Kafin nan layukan NITEL a duk faɗin Najeriya ba su kai rabin miliyan ba, yawancinsu a manyan birane. Da sabis ya iso garuruwa irin su Rano da Kibiya, Nokia 3310 da 1100 suka cika aljihu, samari suka riƙa shiga Kano koyon gyara a kasuwar Farm Centre da titin Beirut.

Zamanin Nokia akwai tsari. A cire batir a karanta lambar samfurin, galibi mai farawa da RH ko RM, a danna *#0000# a ga wace manhaja ke ciki, sannan a haɗa wayar da akwatin UFS ko JAF. Fayil daga kamfani yake fitowa, kuma kowace lamba da nata.

Wayoyin Chana ne suka dagula lissafi. Sun zo da layi biyu, da eriyar talabijin, da lasifika mai cika unguwa, a cikinsu kuma injin MediaTek ko Spreadtrum. Waya biyu masu suna ɗaya da fuska ɗaya sai a buɗe a tarar da allonsu daban. In aka ɗora fayil ɗin da bai dace ba, fuskar ta yi fari fat, ko wayar ta mutu murus, mai ita kuma ya ce sai an biya shi. Babu kamfanin da za a tambaya. Dole ta sa masu gyara suka koyi kwashe fayil daga lafiyayyar waya su adana, har ta kai darajar maigida a shago tana cikin abin da ya tara a kwamfutarsa. Bayan Microsoft ya sayi sashen wayoyin Nokia a 2014, fayilolin tsofaffin Nokia ma suka koma sai a hannun wanda ya ajiye.

Ana cikin haka JAMB ta fara jarrabawa da kwamfuta a 2013, ta mayar da ita dole a 2015. Ɗalibin Kibiya da na Legas duk gaban allo za su zauna. Cibiyar jarrabawa tana buƙatar kwamfuta 250 haɗe da igiya, abin da ke haɗa su kuwa shi ne suwic, akwatin ƙarfe mai jerin ramuka. In mai rami 24 ne, sai an tanadi fiye da goma. Sabo yana da tsada, don haka na hannu ya samu kasuwa, musamman Cisco Catalyst 2950 da 2960, waɗanda ofisoshin Turai da Amurka suka gama yayi.

Wanda ya ƙware a waya da ya waiwayi suwic sai ya tarar da tsohuwar matsalarsa. Lambar da ke jikin akwatin, irin su WS-C2960-24TT-L, ita ce farko. Umarnin show version yana nuna manhajar IOS da ke ciki. A gidan 2960 kaɗai akwai LAN Base akwai LAN Lite, fayil ɗin wannan ba ya hawa wancan. Cisco kuma yana neman rajista, sau da yawa har da kwangilar tallafi, kafin ya ba da fayil, tsofaffin samfura ma ya daina kula da su. Nan ne shafukan da ke raba fayil kyauta ke jan mai gaggawa.

Haɗarin ya wuce mutuwar na'ura. A Satumban 2015 kamfanin FireEye ya bayyana cewa an gano na'urorin Cisco 14 a Ukraine da Philippines da Mexico da Indiya ɗauke da gurɓatacciyar IOS mai ɓoyayyiyar ƙofa, aka sa mata suna SYNful Knock. A 2020 kuma F-Secure na ƙasar Finland ya fitar da rahoto kan wasu Catalyst 2960-X na jabu, waɗanda asirinsu ya tonu da suka daina aiki bayan an sabunta musu manhaja.

Matakan kariya ba su canza sosai ba tun zamanin 'yar Chana. A fara kwashe fayil ɗin da ke ciki ta TFTP a ajiye. A gwada sabon da umarnin verify /md5, a ga ko lambar da ta fito ta yi daidai da wadda Cisco ya wallafa. A jona suwic ɗin da inbata, domin ɗauke wuta a tsakiyar aiki na iya jawo dogon zaman tura fayil ta igiyar konsol da Xmodem.

Masu makarantu da cibiyoyin kwamfuta a Rano da Kibiya da Bunkure, duk lokacin da za su sayi suwic na hannu, su nemi a kunna shi a gabansu, a nuna musu manhajar da ke ciki, a kuma ba su kwafinta kafin su biya kuɗi.