Malam Salga da Rabuwar Malaman Madabo: Waiwaye Kan Wata Jayayya ta Ilimi

Gabatarwa

Masu iya magana kan ce kowa ya tuna bara bai ji daɗin bana ba, amma ɗalibin tarihi ba shi da wata sana'a da ta wuce tuna bara. A wannan maƙala za mu waiwayi wata jayayya da ta ɓarke a birnin Kano tsakanin shekarun 1920 da 1930, inda ra'ayin malami guda ya raba tsohuwar makarantar fiƙihu gida biyu. Abin da aka yi jayayya a kansa shi ne sadakar mamaci, al'amarin da har yau ake kai ruwa rana a kansa a zaurukan makoki na Jalingo da sauran garuruwanmu.

Makarantar Madabo

Madabo unguwa ce a cikin birnin Kano wadda ake danganta asalin malantarta da zuwan Wangarawa daga ƙasar Mali. Ta yi fice wajen karantar da Mukhtasar na Shaihu Khalil, littafin da ke ƙololuwar fiƙihun Malikiyya, wanda saboda dunƙulewar lafazinsa ba a iya warware shi sai a gaban gwani. Shugaban wannan makaranta shi ake kira Babban Malami, kuma karatun yana tafiya ne bisa gado, daga uba zuwa ɗa, daga malami zuwa almajirin da ya daɗe yana durƙuso. Saboda haka ilimin ya zama tamkar sana'ar gida, mai sirrinta da ladubbanta. Malaman nan su ne masu ɗaurin aure da raɗin suna da sallar jana'iza, kuma wani ɓangare na abin masarufinsu yana fitowa daga sadakar da ake bayarwa a waɗannan hidimomi.

Ra'ayin Malam Salga

Malam Muhammadu Salga, wanda aka haifa wajejen 1870, ɗan wannan makaranta ne, domin a hannun malamanta ya yi karatu. Laƙabinsa ya samo asali daga Salaga, kasuwar goro ta ƙasar Gonja da ke cikin Gana ta yau, inda fataken Kano suka daɗe suna safara. Da ya ƙoshi da ilimi ya kafa zaurensa, sai ya fara tuhumar wasu al'adun jana'iza da malamansa suka saba da su, musamman taruwar sadakar uku da ta bakwai da ta arba'in. Ya rubuta ra'ayinsa cikin wata risala da aka fi sani da Risalat al-Su'al.

Ginshiƙin irin wannan suka shi ne tambayar asali: ina nassin da ya ƙayyade waɗannan ranaku? Bugu da ƙari, idan aka ɗebi abin sadakar daga dukiyar mamaci kafin a raba gado, to an taɓa haƙƙin marayu. Malaman Madabo ba su yi shiru ba. Malam Adamu Cindo ya mayar da martani a rubuce, yana kare abin da magabata suka tafi a kai. Hujjar wannan ɓangare ita ce ladan sadaka da addu'a yana isa ga mamaci, kuma al'adar da ba ta saɓa wa nassi ba tana da mazauni a shari'a.

Daga nan aka sami Madabawa da Salgawa. Ya kamata mu lura cewa da yawa daga cikin Salgawa 'yan kasuwa ne ko 'ya'yan fatake, waɗanda ba su dogara da sadakar jana'iza ba. Wannan bai rage ƙarfin hujjarsu ba, sai dai yana bayyana mana dalilin da ya sa furta ta ya fi musu sauƙi, karɓarta kuma ya fi wa abokan jayayyarsu nauyi.

Bayan Rasuwar Malam

Malam Salga ya rasu a shekarar 1357 ta Hijira, wato wajejen 1938. Almajiransa, irin su Malam Tijjani Usman na Zangon Barebari da Shehu Abubakar Atiku na Sanka da Malam Sani Kafinga, suka ci gaba da riƙe tutar. A 1937 Sarkin Kano Abdullahi Bayero ya sadu da Shaihu Ibrahim Inyass na Kaulaha a wajen aikin hajji, kuma da Shaihun ya fara ziyartar Kano a shekarun 1940, Salgawa ne kan gaba wajen karɓar Failar Tijjaniyya da tarbiyyarta. Sabuwar jayayya ta biyo baya, ta ƙabalu da sadalu a cikin salla, wadda ta raba sahu a masallatai da dama na Arewa.

Wani abin lura kuma shi ne, lokacin da Shaihu Abubakar Gumi ya fitar da littafinsa na aƙida a 1972, aka kuma kafa ƙungiyar Izala a Jos a 1978, magadan Salgawa ne suka sami kansu a kujerar waɗanda ake tuhuma da bidi'a. Tambayar da malaminsu ya yi wa Madabawa ita aka juyo musu da ita.

Kammalawa

Darasin da muke son ɗalibanmu su ɗauka shi ne yadda aka gudanar da jayayyar farko. Almajiri ya saɓa wa malamansa da alƙalami, su kuma suka amsa masa da alƙalami, kowa ya kawo littafi da babi. Saboda haka ne a yau za mu iya zama mu auna hujjar kowane ɓangare. Makarantar Madabo ba ta rushe ba, zauren Salga kuma ya yaye malaman da suka cika Kano da rubuce-rubuce da waƙoƙi cikin Larabci da Hausa. Duk wanda ya ga malamansa sun kauce a wata mas'ala, to ya fara ƙoshi da karatunsu kamar yadda Malam Salga ya yi, sannan ya rubuta hujjarsa ya sa sunansa a ƙasa.