Yadda Ilmin Zamani Ya Shigo Ƙasar Ƙwanni da Adar

Duk wanda ya yi nazarin tarihin ƙasar da ta taso daga Birnin Ƙwanni, ta bi ta Malbaza da Galmi, har ta kai Illela ta Adar, zai tarar cewa mutanenta, ko da yake sun daɗe suna girmama alƙalami da tawada, mafi yawan abin da suka sani na ilmi ta kunne ya riske su, kuma wannan ɗabi'a ba ta canja ba har bayan da zamanin injuna ya iso. A Maratta, kusa da Galmi, aka haifi Shehu Usmanu ɗan Fodiyo a 1754, kuma shi da ƙaninsa Abdullahi da 'yarsa Nana Asma'u, da suka lura cewa littafin Larabci ba ya wuce zauren malamai, sai suka zuba fiƙihu da tauhidi da wa'azi cikin waƙen Fulatanci da Hausa, domin makiyayi da mai daka su haddace. Sarkin Musulmi Muhammadu Bello kuwa har kan ilmin ɗibbu ya yi talifi. Ke nan al'adar sauƙaƙa ilmi domin talaka ta riga Nasara zuwa.

Zamanin masana'antu kuma da mummunar fuska ya fara bayyana a nan, gama a 1899 rundunar Faransa ƙarƙashin Voulet da Chanoine ta afka wa Birnin Ƙwanni, ta yi kisan da har yau ba a manta da shi ba. Fiye da shekara tamanin labarin wannan ta'asa yana yawo a bakin tsofaffi, kafin Abdoulaye Mamani ya wallafa littafinsa Sarraounia a 1980 kan turjiyar da Sarauniyar Lugu ta yi wa wannan runduna, Med Hondo kuma ya mai da shi sinima a 1986. Amma da yake da Faransanci aka rubuta littafin, jikokin waɗanda abin ya shafa kaɗan ne suka iya karanta shi.

A kudancin iyaka al'amarin ya ɗauki wata hanya dabam, domin a Zariya an buga Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, aka kafa jaridar Gaskiya Ta Fi Kwabo a 1939, kuma a 1969 Umaru Dembo ya fitar da Tauraruwa Mai Wutsiya, ƙagaggen labari na tafiya sararin samaniya. A ɓangaren da Faransa ke mulki kuwa lakwal, wato makarantar boko, ba ta yarda da wani harshe ba sai nata, saboda haka lissafi da ilmin halitta suka zama kayan 'yan tsiraru.

Bayan da Nijar ta sami mulkin kai a 1960, an gina masana'antar siminti a Malbaza a tsakiyar shekarun 1960, inda ake haƙo dutsen farar ƙasa, a niƙa shi da yumɓu, a gasa cikin tanderu mai zafin da ya kai daraja 1,450, sa'an nan a sake niƙawa. Masana sun tabbatar cewa wannan dutse ragowar halittun teku ne, daga wani bahar da ya rufe yankin kimanin shekara miliyan 60 da suka shuɗe. Wannan babbar aya ce ga mai tunani, wadda ta cancanci ƙasida da littafi, amma bayaninta ya tsaya cikin rahotannin injiniyoyi, alhali kuwa lebura da ke fasa dutsen yana ganin kwanson kodi cikinsa, babu wanda ya fassara masa sirrinsa da harshensa.

Abin da ya cike wani sashe na wannan giɓi shi ne rediyo. Gidan rediyon Nijar ya fara aiki a 1958, sashen Hausa na BBC ya riga shi da shekara guda, Rediyon Kaduna kuma ya biyo a 1962, shekarar da aka kafa ƙungiyoyin masu sauraron rediyo a Nijar, inda manoma kan taru da dare su saurari bayani kan taki da irin shuka da rigakafi, su yi muhawara, a naɗi muryarsu a mayar Yamai. Haka nan dabarar tassa, wato haƙa ƙananan ramuka a fako a zuba taki domin su riƙe ruwan sama, ta bazu a ƙasar Illela da Badagishiri bayan da wasu manoma suka ziyarci Yatenga ta Burkina Faso a 1989, kuma daga baki zuwa baki ta yaɗu har aka raya dubban kadada na matacciyar ƙasa.

Sai dai magana iska ce, abin da ba a rubuta ba kuwa yakan bi mai shi kabari. Don haka ya wajaba a kan malamanmu da marubutanmu da ma'aikatan gidajen rediyonmu su bi sunnar magabata, su rubuta ilmin dutsen Malbaza da albasar Galmi da madatsun ruwan Ƙwanni da Hausa, a waƙe da zube, domin ɗan manomi ya karanta, ya fahimta, ya kuma ƙara nasa a kai.