Damagaram zangon matafiya: ina 'yan yawon buɗe ido suka shiga?



A farkon watan Satumbar 2024, bayan ruwan sama mai ƙarfi, tsohon masallacin Birni ya rushe. Ginin ƙasa ne na wajen 1850, ya ga sarakuna da yawa, ya ga zuwan Nasara da tafiyarsu. Da yawanmu a waya muka ga hotunan, muka yi salati, muka wuce. Wannan masallaci yana cikin wuraren da a da ake kawo baƙi daga nesa su tsaya su kalla. To, yaushe rabon da ku ga jerin motocin 'yan yawon buɗe ido a ƙofar fada? Yau tarihin wannan harka za mu bi: yadda ake zagayawa da baƙi kwana da kwanaki a cikin Nijar, matsayin Damagaram a wannan zagaye, da abin da ya rage mana bayan baƙin sun ɗauke ƙafa.

Jagorancin matafiyi tsohuwar sana'a ce a nan. Masarautar Damagaram ta kafu a shekarun 1730 ta hannun Malam Yunus, daga baya aka mai da gadon sarauta Zinder. Garin ya zauna a mahaɗar hanyoyi: ta arewa mai zuwa Agadas da Tarabulus, ta kudu mai zuwa Kano, ta gabas mai zuwa Kukawa ta Barno. Ayari ba ya tashi sai da madugu, ba ya tafiya sai da jagaba wanda ya san rijiya da wurin kiwo, ba ya sauka sai da mai masauki. Sunan unguwar Zango kansa shaida ne, nan fatake da Buzaye suke sauke kaya a bayan ganuwa. Sarki Tanimun, wanda ya yi wajen shekara 30 yana mulki har rasuwarsa a 1884, shi ya ƙarfafa ganuwar Birni, ya sa aka ƙera igwa a garin, ciniki ya bunƙasa.

Turawan farko da suka rubuta labarin garin ma a bayan irin waɗannan jagorori suka zo. James Richardson ɗan Ingila da Heinrich Barth da Adolf Overweg 'yan Jamus sun sauko daga Abzin tare da ayarin gishiri na Buzayen Kel Owi. A Damargu suka rabu cikin Janairun 1851. Richardson ya shigo Zinder zamanin Sarki Ibrahim, ya yi 'yan makonni, ya nufi Barno, ya rasu a hanya cikin watan Maris. Barth, wanda ake kira Abdulkarim, ya iso Zinder a ƙarshen Disambar 1852, ya zauna wajen wata guda kafin ya kama hanyar Katsina da Sakkwato zuwa Timbuktu. Gidan da aka ce ya sauka yana cikin Birni, kuma yana cikin wuraren da 'yan jagora suke fara nuna wa baƙo.

Akwai wani abu da ba a cika faɗa wa yaranmu ba. Cikin yaran da suka yi wa Barth hidima akwai Dorugu, ɗan ƙauyen Dambanas kusa da Kance. An kama shi bawa yana ƙarami, Overweg ya 'yanta shi, ya bi Barth har Landan a 1855. A can ya ba wani Bature mai suna Schön labarin rayuwarsa da abin da ya gani a Turai da Hausa, aka buga a littafin Magana Hausa a 1885. Ke nan tun kafin Bature ya zo kallon Damagaram don nishaɗi, ɗan Damagaram ya riga ya je ya kalli Turai ya ba da labari da harshensa.

Bayan nan sai bindiga ta shigo. A watan Mayun 1898 aka kashe kyaftin Cazemajou na Faransa a Zinder zamanin Sarki Amadu Kuran Daga. A ƙarshen Yulin 1899 aka gwabza a Tirmini, sojan Faransa suka ci garin, suka gina barikinsu a kan dutse suka sa masa sunan Cazemajou. Daga 1911 zuwa 1926 Zinder ce babban birnin ƙasar, kafin a mai da mulki Yamai. Ƙarancin ruwa na cikin dalilan da aka kawo.

A wannan zamani ne aka fara tunanin sayar wa masu kuɗin Turai tafiyar kallo. A watan Oktoban 1924 motoci 8 na kamfanin Citroën suka tashi daga Aljeriya don ratsa Afirka, suka bi ta Yamai, suka iso Zinder a ƙarshen shekarar. Mai zanen da ke cikinsu, Alexandre Iacovleff, ya zana hoton sarkin Damagaram na lokacin. André Citroën ya shirya wani tsari na daban: a riƙa ɗauko baƙi da mota daga Aljeriya zuwa Timbuktu, da masaukai a kan hanya. Saura 'yan kwanaki a buɗe, a farkon Janairun 1925, aka soke komai saboda fargabar hari a hamada. Ku riƙe wannan, don za mu sake haɗuwa da shi: tun ranar farko, tsaro ne ke riƙe da wuyan wannan harka. A shekarun 1930 motocin fasinja suka fara bin hanyar Aljas, Tamanrasat, Agadas, Zinder, Kano, garinmu ya koma zango kamar da, sai dai mota ta maye gurbin raƙumi.

Lokacin da harkar ta fi armashi shi ne shekarun 1970 da 1980. Dattawan Sabon Gari za su tuna samarin Turawa da ke ratso hamada da tsofaffin motoci ƙirar Peugeot, su kwana a nan, su sayar da motar ko su wuce Kano, tafiyar wajen kilomita 240. Tseren motoci na Paris-Dakar, da aka fara a ƙarshen 1978, ya sa duniya ta san sunan Agadas da Tenere. A Agadas, Mano Dayak ya kafa kamfanin Temet Voyages, Buzayen da suka gaji sanin hamada suka zama direbobi da 'yan jagora da masu dafa abinci.

Yaya zagayen yake? Lokacin ɗari ake yin sa, daga Nuwamba zuwa Fabrairu, yakan ɗauki kwana 10 zuwa sati 2. A fara da Yamai, a ga kogin Kwara da gidan tarihi na ƙasa, inda aka ajiye ragowar bishiyar Tenere da mota ta buge a 1973. A leƙa gandun dajin W don ganin giwa da ɓauna. A tsaya Kure, wajen kilomita 60 daga Yamai, wurin raƙuman dawa. Sai a miƙe hanyar gabas ta Dosso, Dogon Dutsi, Birnin Kwanni da Maraɗi har Zinder, kusan kilomita 900 daga Yamai. Daga nan a yi arewa ta Tanut zuwa Agadas, wajen kilomita 450, a hau hasumiyar masallacinta mai tsawon mita 27. Sai duwatsun Abzin, lambunan Timiya, Iferwan, tudun rairayi na Tenere, masu ƙarfin hali su kai Bilma da Jado. Wanda ya zo cikin Satumba kuma ya je bikin gishiri na Ingal.

A cikin wannan doguwar tafiya, rabon Damagaram yawanci kwana ɗaya ne ko biyu. Da safe a kai baƙo fada ya ga dogarai da manyan zaurukan ƙasa, a zaga da shi lungunan Birni ya ga gidaje masu zanko da zane a fuskar bango, da manyan duwatsun da suka tsaya tsakiyar unguwa. In an yi sa'a ranar Alhamis ce, a shiga kasuwar Dole, a je wurin dukawa ya sayi jaka da takalmi da matashin fata. Washegari motoci su tashi. Kuɗin kwana biyun nan kaɗan ne in an gwada da na Agadas, amma ya shiga aljihu da yawa: mai otal, mai tuwo, baduku, yaron da ya koyi Faransanci a lakwal ya zama ɗan jagora.

Daga nan abubuwa suka fara kwancewa ɗaya bayan ɗaya. Tawayen arewa ya ɓarke a 1990, rikicin Aljeriya ya toshe hanyar hamada. Hukumar UNESCO ta sa Abzin da Tenere cikin kayan gadon duniya a 1991, shekara guda bayan haka ta sa su cikin waɗanda ke cikin haɗari. An sa hannu kan zaman lafiya ranar 24 ga Afrilun 1995, Mano Dayak ya rasu a haɗarin jirgin sama a Disambar shekarar, filin jirgin Agadas yana ɗauke da sunansa yau. Baƙi sun dawo, amma da wani sabon salo da ya cuci Damagaram: jirage suka riƙa kwaso su daga Faransa kai tsaye zuwa Agadas. Wanda ya sauka daga sama a bakin hamada ba shi da dalilin biyowa ta Zinder. Tawayen 2007 ya tsai da jiragen, sace ma'aikata a Arlit a Satumbar 2010 ya ƙara rufe ƙofa. Ranar 9 ga Agustan 2020 aka kashe Faransawa 6 ma'aikatan agaji da 'yan Nijar 2, direbansu da ɗan jagora, a dajin Kure. Bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023, sauran 'yan tsirarun ma suka yi ƙaranci.

Kun ga darasin. Shekara 100 ke nan ana gina wannan harka a kan baƙon da ke nesa, wanda labari ɗaya a rediyo ya isa ya sa shi fasa tafiya. Duk lokacin da ya fasa, abu biyu ne ke lalacewa. Na farko gini: gidan ƙasa yana son yaɓe kafin kowace damina, in babu mai kulawa sai ya zube, ko magada su rushe shi su sa bulo da kwano. Na biyu ilimi: ɗan jagorar da ya san wace ƙofa ce ta wane, wane gida ne na wane attajiri, in ya rasa aiki zai koma kabu-kabu, in ya rasu ya tafi da abin da ya sani. Tsohon garin Agadas ya shiga jerin UNESCO a 2013. Birni da fadar Damagaram suna cikin jerin jira tun 2006, har yau ba su wuce nan ba. Masu tantancewa kuwa abin da ke tsaye suke dubawa.

To wa zai maye gurbin baƙon? Mu. Ɗaliban Jami'ar André Salifou, wadda aka sa wa sunan malamin da ya rubuta tarihin Damagaram na ƙarni na 19 a 1971, suna nan cikin gari. 'Yan lakwal na Magarya da Matamai da Gure suna karanta sunan Tanimun a takarda, da yawansu ba su taɓa taka zauren fada ba. 'Yan uwanmu na Kano da Daura da Katsina suna zuwa biki da ciniki, ba wanda ya taɓa ce musu ga zagayen kwana 3 da jagora mai magana da Hausa.

Kuma abin da za a nuna yana nan. Ranar farko Birni da Zango: fada, wurin tsohon masallaci, masaukin Barth, ragowar ganuwa, barikin kan dutse daga nesa. Rana ta biyu Tirmini, a tsaya a filin da aka yi yaƙin 1899 a ba yara labari, a dawo ta wurin dukawa. Rana ta uku a yi gabas: Mirya da lambunanta da kasuwarta ta Lahadi, tafkin Gidimuni da dabinonsa, ko Damagaram Takaya da masarautar ta samo suna. In an daidaita tafiyar da hawan Salla ko wasan kara, baƙo ya sami riba biyu. Can arewa maso gabas akwai gandun Termit da Tin Tumma da aka kafa a 2012, mafakar ragowar wata dabbar hamada mai murɗaɗɗen ƙaho da ake kira addax. Wannan tafiya ce ta daban, sai da izinin hukuma da rakiya, kada kowa ya ɗauke ta da wasa.

Abin da ake bukata bai fi ƙarfinmu ba. A sami 'yan jagora sanannu masu takarda da farashi tsayayye, don kada baƙo ya ji an cuce shi. A zauna da dattawan Birni da maroƙan fada a naɗi muryarsu a waya tun suna raye. A ware wani kaso na abin da baƙo ya biya don yaɓen gidajen da aka shiga, mai gida ya ga amfanin barin gininsa yadda ya gada. Daraktocin makarantu su sa fita ɗaya a shekara cikin tsarinsu. Jika ɗaya ɗaya daga yara 50 kuɗin aikin magini ne na kwanaki.

Baƙon waje zai dawo in ƙasa ta lafa, kamar yadda ya dawo bayan 1995. Abin tambaya shi ne me zai tarar a tsaye, kuma wa zai ba shi labari. Hausawa sun ce gani ya kori ji. Kafin damina mai zuwa, duk wanda ke da yaro ya kama hannunsa ya kai shi Birni, ya nemi dattijon unguwa ya biya shi ladan bakinsa. Wanda kuma gidansu ke da tsohon zaure mai zane, ya duba bangon tun yanzu.

Allah ya ba mu zaman lafiya, ya raya Damagaram.