Tukunyar da ta yi gudun hijira: girkin gida a tarihin Armeniyawa

A kowace shekara, idan watan Satumba ya raba tsakiya, mutanen ƙauyen Musaler, wanda ke kusa da Yerevan babban birnin Armeniya, sukan girka manyan tukwane a gindin wani tudu tun da maraice. Abin da ke ciki ba mai wuyar samu ba ne: surfaffiyar alkama ce da nama da ruwa da gishiri. Maza ke kwana a bakin wuta suna iza itace, ana kiɗa ana rawa, daga bisani a shiga tuƙi da manyan muciyoyi har naman ya narke ya saje da alkamar. Da safe limaman coci su sa albarka, a zuba man shanu, a raba wa duk wanda ya miƙo kwano. Sunan abincin harisa. A cikin wannan wata kuma ana irin wannan kwanan tuƙi a garin Anjar na ƙasar Labanan. Abin lura shi ne, dutsen da ake tunawa da shi a wuraren biyu, wato Musa Dag, ba ya Armeniya, ba ya kuma Labanan. Yana cikin Turkiyya, a gaɓar Bahar Rum.

Kafin a kai ga labarin dutsen, ya kyautu a san irin gidan da wannan girki ya fito. Ƙasar Armeniyawa ta asali tuddai ce masu tsananin sanyi, inda ƙanƙara kan rufe hanyoyi wata da watanni. Wani sojan Girka mai suna Zenofon, wanda ya ratsa ta da rundunarsa a hunturun shekara ta 401 zuwa 400 kafin haihuwar Annabi Isa, ya bar bayanin gidajen da ya gani: a cikin ƙasa aka haƙa su, ƙofarsu kamar bakin rijiya, mutane da awaki da tumaki da shanu da kaji duk a ciki, ga alkama da sha'ir da wake a ajiye. Masu tonon kayan tarihi kuma, da suka fara aiki a tudun Karmir Blur na gefen Yerevan a 1939, sun tarar da rumbunan wani birni na daular Urartu da ƙonannen hatsi a ciki, har da gero da riɗi.

Tsakiyar irin wannan gida, har zuwa farkon ƙarni na 20, ita ce tonir, wata doguwar tukunyar yumɓu da ake binnewa a ƙasa a hura wuta a gindinta, hayaƙin ya fice ta wata kafa a rufin ɗaki. A nan ake dafuwa, a nan ake jin ɗumi, a gefensa yara ke kwana. A jikin bangonsa ne ake gasa lavash, gurasar Armeniyawa mai faɗi da rashin kauri. Aikin na mata ne, kuma ba na mace ɗaya ba: wannan ta murza curin kwaɓin, waccan ta yi ta wurga shi daga hannu zuwa hannu har ya miƙe, a shimfiɗa a kan wani matashi, sannan gwanar cikinsu ta sunkuya ta manna shi a bangon tonir da bugu guda. Kafin minti ɗaya ya gasu. Idan ya bushe yakan yi wata shida bai lalace ba, ranar da za a ci sai a yayyafa masa ruwa a rufe da ƙyalle ya yi laushi. Mai karatun da ya taɓa tsayawa wurin masu gurasa a Kano ya ga yadda ake manna ta a cikin tanderu, ya riga ya san rabin wannan aiki. Kamannin bai tsaya ga aikin kaɗai ba, domin tonir da tanderu, da tannur na Larabci wanda Hausa ta aro, duk jikokin wata tsohuwar kalma ce ta ƙasar Iraƙi ta dauri.

Sanyi ne ya koya wa matan Armeniyawa ajiya. Da kaka akan soya nama a cikin kitsensa a danna a tulu, shi ne gavurma. Akan tace nono a dunƙula a shanya ya yi tauri kamar dutse, shi ne cortan, wanda ake jiƙawa a yi miya da shi a tsakiyar hunturu. Akwai kuma basturma, wanda garin Kaisari ya yi suna da shi: naman sa ne da ake yi wa gishiri a danne a shanya, sannan a shafe shi da kwaɓin hulba da tafarnuwa da jan barkono, kusan yadda mai kilishi ke tsoma nama a labu, sai dai shi ba ya ganin wuta. Addini ma ya sa hannu. Armeniyawa na ƙidaya karɓarsu ga Kiristanci daga shekara ta 301, kuma kwanakin azumin cocinsu, waɗanda ba a cin nama ko nono a cikinsu, suna da yawa ƙwarai, shi ya sa girkin wake da ganye da man riɗi ya bunƙasa a wurinsu.

Ita harisa, Armeniyawa na da hikayar da ke danganta ta ga Girigori, waliyyin da ya kawo musu addini. Wai ya yanka tumaki don ciyar da matalauta, naman ya kasa, sai ya sa aka ƙara alkama ya ce a tuƙa. Hikaya ce mai daɗi, amma masana harshe sun fi karkata ga cewa sunan daga Larabci yake, daga kalmar da ke nufin dandaƙawa, kuma abincin yana cikin littafin girkin da Ibn Sayyar al-Warraƙ ya tara a Bagadaza a ƙarni na 10. Har yau ana cin sa a ƙasashen Larabawa da watan Ramadan. Haka batun lavash yake. Da hukumar UNESCO ta sa shi cikin gadon al'adun duniya da sunan Armeniya a 2014, maƙwabta sun yi ƙorafi, a 2016 kuma aka sa irin wannan gurasa da sunan Azarbaijan da Iran da Kazakistan da Kirgistan da Turkiyya. Gardamar wane ne mai shi ba ta da amfani sosai, domin mutanen da suka yi ƙarnoni suna cin kasuwa ɗaya dole tukwanensu su yi kama. Abin da ya bambanta harisar Armeniyawa shi ne abin da ya auku a 1915.

A wancan lokaci yawancin Armeniyawan yamma talakawan daular Usmaniyya ne, ta Turkawa ke nan, ba ta Sakkwato ba. Ranar 24 ga Afrilu 1915, ana tsakiyar Yaƙin Duniya na Ɗaya, aka kame shugabanninsu da marubutansu a Istanbul. Daga nan aka shiga karkashe maza, aka kora mata da yara da tsofaffi a ƙasa zuwa hamadar Siriya, wajen Dair az-Zur. Ƙididdigar waɗanda suka halaka ta kama daga dubu 600 zuwa miliyan ɗaya da rabi. Galibin masana tarihi na kiran abin kisan ƙare dangi, Faransa ta amince da wannan suna a dokance a 2001, gwamnatin Turkiyya kuwa ba ta yarda da shi ba.

Mutanen ƙauyuka shida na gindin Musa Dag sun ƙi bin umarnin tashi. Suka haye dutsen da dabbobinsu da hatsinsu, suka yi kwana 53 suna kare kansu, har jiragen ruwan yaƙi na Faransa suka hango tutarsu, suka kwashe mutum wajen dubu 4 zuwa Port Sa'id ta Masar a watan Satumba. Zuriyarsu na cewa harisa ce ta riƙe su a kan dutsen. Marubuci Franz Werfel ya mai da labarin littafi a 1933, ya kuma rage kwanakin zuwa arba'in. Bayan yaƙi sun koma gida, amma a 1939 Faransar da ta cece su, wadda ke riƙe da Siriya a lokacin, ta miƙa yankin ga Turkiyya don neman shiri da ita. Wanda ya san yadda aka ja iyaka tsakanin Maraɗi da Katsina ba zai yi mamakin irin wannan ciniki ba. Mafi yawansu suka sake ɗaura kaya, aka zaunar da su a Anjar, suka raba garin unguwa shida, kowace da sunan ƙauyen da aka baro.

Sauran waɗanda suka tsira sun watsu a Halab da Bairut da Alƙahira, da Marsai da Valans a Faransa, da Amurka. Ba su fito da takardar gona ba, ba su fito da tonir ba. A Burj Hammud ta Bairut suka kafa unguwanni masu suna Sabuwar Marash da Sabuwar Sis da Sabuwar Adana, girki kuma ya zama shaidar asali: mutanen Harput da dunƙulen nama da tsakin alkama mai ciko a ciki, mutanen Aintab da lahmajun, wato gurasa mai shafen niƙaƙƙen nama. Ga wasu ya zama sana'a. Mahaifin mawaƙi Charles Aznavour gidan abinci ya buɗe a Paris, a Amurka kuma iyalin Colombosian suka fara sayar da madzun, kindirmon Armeniyawa, a jihar Masacusets a 1929.

Sai dai akwai wani giɓi da ba a cika faɗa ba. Girkin nan ba rubutacce ba ne. Ma'auninsa shi ne abin da suke kira acki cap, wato awon ido, kuma yarinya na koyonsa ne a tsaye kusa da uwarta ko uwar mijinta. To, da yawa daga cikin waɗanda suka rayu marayu ne, a garin Aleksandropol kaɗai, wanda yau ake kira Gyumri, an tara fiye da dubu 20. Yarinyar da aka raba da uwarta tana da shekara shida ta san ɗanɗano, ba ta san hannu ba. Wajen maƙwabta da tsofaffin da suka rage aka yi ta tambaya ana harhaɗawa. Daga baya ƙungiyoyin mata suka shiga rubutawa, kamar littafin da matan Armeniyawan Detroit suka buga a 1949, inda ƴaƴa suka riƙa tare hannun tsohuwa su auna garin da ta ɗebo kafin ta zuba. Rubutun ya ceci abubuwa da dama, ko da yake ya tsayar da abin da a da yake sauyawa daga gida zuwa gida. A Armeniyar Sobiyet ma an buga babban littafin girkin ƙasa a 1960, bayan da dubban ƴan gudun hijira da suka komo tsakanin 1946 da 1949 suka shigo Yerevan da lahmajun da yajin Halab, abubuwan da mutanen gabas ba su saba da su ba.

Labarin da ya fi kowane nuna nisan da girki kan kai ya fito ne daga cikin Turkiyya kanta. A 2004 wata lauya mai suna Fethiye Çetin ta buga littafi a kan kakarta, wadda kowa ya sani da suna Seher, Musulma mai sallah da azumi a garin Maden. Sai da tsufa ya kama ta ta gaya wa jikarta cewa sunanta na yanka Heranush, kuma wani jandarma ne ya fizge ta daga hannun uwarta a kan hanyar kora a 1915, ya rene ta a gidansa. Dubban ƴan mata sun rayu ta wannan hanya, sun yi aure, sun haifi Turkawa da Kurdawa, sun yi shiru. Amma a wani lokaci na bazara kakar takan gasa corek, wani burodi mai zaƙi, wasu matan garin su ma su gasa, su ziyarci juna da shi, ba tare da an ce ga dalili ba. Sai daga baya jikar ta gane cewa lokacin Ista ne, kuma matan da ke musayar burodin duk irin kakarta ne. Harshe ya tafi, suna ya tafi, addini ya sauya, burodin bai fasa fitowa a kan lokacinsa ba har tsawon shekaru.

Tarihin bai tsaya a ƙarnin jiya ba. Armeniyawan yankin Karabak, wanda su ke kira Artsak, suna da wata gurasa mai suna jingalov hats, wadda ake cusa wa yankakken ganye iri goma ko fiye, yawancinsu na daji, a gasa a kan faranti na ƙarfe. Abincin azumi ne da na lokacin rashi. Da aka toshe hanyar da ta haɗa yankin da Armeniya daga Disamba 2022, gari da mai suka yi wuya, mutane sun koma ga ganyen tudu kamar kakanninsu. A Satumba 2023, bayan farmakin sojan Azarbaijan, mutum fiye da dubu 100 suka fice cikin ƴan kwanaki, kusan dukkan Armeniyawan yankin. Da yawa daga cikin matansu sun kafa faranti a Yerevan da Goris suna gasa jingalov hats suna sayarwa, da ganyen da suke saye a kasuwa ko suke tsinka a tuddan da ba nasu ba.